Silalla

Ran da damina ta sauka Kalikut
na tsaya ƙofar kotun iyali da lema mai karyayyen haƙarƙari,
takarda cikin leda, leda cikin ƙirji.
Ramlat nake. Lamba ta goma sha ɗaya.

Shekara goma sha bakwai ina kankare kwakwa a gidan Kunhali,
ina fiɗar kifi har farcena ya daina tsiro daidai.
Awarwarona shida na zinari, gadon kakata,
su suka zama biza, suka zama tikitin Sharja.
Ya tafi da ƙarar hannuna,
ya bar min hannu shiru.
Da ya dawo da tumbi da agogo
sai ya ce zama ya ƙare,
kamar mai gida yana sallamar ɗan haya.

Yayana ya ce, “Bar shi da Allah.”
Na bar shi da Allah.
Mai shago ne bai bar ni da Allah ba,
shi da mai maganin hawan jini.

Lauya Lilamma, mai furfura da tsohon babur,
ta buɗe littafi ta danna yatsa:
“Ba roƙo kika zo ba, ba sadaka ba ce.
Haƙƙi. Faɗi in ji.”
Na faɗa, ta fito da ƙyar kamar tari.
Na maimaita, ta samu wurin zama a bakina.

Shekara biyu ana ɗage zama.
Yau alƙali ya tafi hutu, gobe Kunhali na zazzaɓi,
jibi ya rantse ba shi da ko anini,
alhali sabon jirginsa na kan ruwa a Befur,
shuɗin fenti, sunan uwarsa a goshi.
Takalmina ya haddace kowace matakala.

Aka dai yanke: rufi dubu huɗu duk wata,
da bashin baya, kafin Jumma’a.

Ya zo Alhamis da ’yan dako biyu.
Buhu bakwai suka dire gaban alƙali,
ƙasa ta amsa.
Silalla. Ɗai-ɗai, bibbiyu,
ya bi masu shayi da kwandastoci ya tattaro.
Ya dube ni ta wutsiyar ido:
ga haƙƙin naki, ɗauka in kin isa.
Wani ya yi dariya a bencin baya.
Na ji kunya ta taso min daga tafin ƙafa,
ni da ban ci na kowa ba.

Alƙali ya cire tabarau ya goge.
“Kuɗi ne, kotu ta karɓa.
Amma mai biya shi ke ƙirgawa. Zauna.”

Ya zauna kan siminti da farin gyautonsa na zuwa biki.
Ɗari, ɗari, ya jera, ya ɓata, ya sake.
Fanka na juyi, ruwa na dukan kwano,
yatsunsa suka yi baƙi, gumi ya bi ta ƙarƙashin agogon.
Na runtse ido, ban yi niyya ba,
sai na ji kamar hannuna ne ke motsi a madafi.

La’asar ta same shi a buhu na biyu.
Kwana uku yana dawowa.
Ban ji daɗin da na zaci zan ji ba,
mutumin nan na taɓa shafa wa mai a baya ranar da ya faɗo daga bishiya.
Amma ko ɗaya ban ce a yafe ba.

Ɗan sahu ya ga kaya ya yi ƙorafin taya,
na zura hannu a buhu na ƙara masa biyar.
Na tsaya wurin mai gyaran lema,
na biya mai shago, ya ƙirga yana tsaki.

Wata mai kamawa ban san me zai ɗauko ba.
Lilamma ta ce in adana takardar.
Tana cikin gwangwanin shinkafa,
inda ɓera bai kaiwa.